Kabewa: Baƙuwar da ta zama 'yar gida

Duk shekara idan ruwa ya ɗauke a Arewa, mu da ke nan Sabo ba ma buƙatar a gaya mana kaka ta yi. Kayan da motoci ke saukewa a Sasa da Bodija su ke ba mu labari. Sabon gero ya iso, gyaɗa ta iso, sai kuma ga kabewa an jibge ta tuli-tuli, wata har sai mutum ya sa hannu biyu kafin ya ɗaga. Uwargida ta aika a yanko mata ta kuɗi kaɗan, da yamma ƙamshin taushe ya cika layi.

Abin da ya sa muka ɗauko zancenta a wannan fitowa shi ne wani abinci da yaranmu masu aikin girki a otal-otal na Badun da Ikko suke dawo mana da labarinsa. Wai salak ne na Turawa, na lokacin kakarsu, wanda ake ci da ɗuminsa. Ana fere kabewa a yanka ta ƙanana, a shafe ta da man zaitun da gishiri, a gasa a tanderu mai zafi kamar na rabin awa har gefenta ya yi ja. Sai a juye ta a kan ganye tun ba ta huce ba, a zuba albasa da cuku da soyayyun 'ya'yanta, a yayyafa ruwan khal ko lemon tsami. A Turai da Amurka kaka na kamawa daga Satumba zuwa Nuwamba, lokacin da sanyi ke fara shigowa, shi ya sa suke son salak ɗin da zafinsa. Yaran da a gida sai an yi da gaske suke taɓa miyar taushe, su ne yanzu ke yabon kabewa don sun gan ta a faranti mai tsada. Manya kuma suka ce ai Turawa ne suka kwaikwayi abincinmu na gado. To, tarihi bai goyi bayan kowa a cikinmu ba.

Asalin kabewa nahiyar Amurka ne. A wani kogo da ke yankin Oaxaca a kudancin Meziko, masu tonon kayan tarihi sun samo 'ya'yanta da ɓawonta, da aka auna shekarunsu aka ga sun kai kimanin 10,000. Wato mutanen wurin sun fara noman kabewa tun kafin su fara noman masara. Daga baya suka riƙa shuka abu uku a gona ɗaya: masara ta miƙe, wake ya hau karanta, kabewa ta yaɗu a ƙasa, faffaɗan ganyenta ya rufe danshi ya hana ciyawa sakat. Wasu ƙabilun arewacin nahiyar suna kiran waɗannan uku 'yan'uwa mata. Duk wanda ya taɓa noma a Arewa ya san irin wannan dabara, don mu ma haka muke surka gero da wake. Hatta sunan da Turawan Ingila ke kiran kabewa da shi a cikin wancan salak, aro suka yi daga harshen Narragansett, wata ƙabila ta 'yan asalin ƙasar.

Sai bayan da Kolumbus ya isa can a 1492 irin ya ƙetare teku. Bai ɗauki lokaci ba kuwa, domin a zanen da aka yi a rufin wani gida a birnin Rum tsakanin 1515 da 1518 an riga an zana kabewa cikin 'ya'yan itatuwa. Amfanin gonar Amurka ya shigo Afirka ta Yamma ta ƙofa biyu. Ɗaya ta bakin teku ce, inda jiragen Fotugal ke zirga-zirga tun da suka gina ganuwarsu ta Elmina a 1482. Ɗayar kuma ta Bahar Rum da hamada, hanyar fatake da alhazai. Sunan masara ma kaɗai ya isa shaida, don ƙasar Masar yake nunawa. Cikin wannan ayari na baƙi ne kabewa ta zo, ita da gyaɗa da rogo da dankali da barkono da tumatir.

Mu tsaya nan mu buɗe tukunyar taushe mu duba. Kabewa baƙuwa, gyaɗar da ake niƙawa a zuba baƙuwa, tattasai da attarugu da tumatir duk baƙi. Sarkin Kano Muhammadu Rumfa, wanda ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499, da duk ƙasaitarsa bai taɓa shan miyar taushe irin wadda muka sani ba. A zamaninsa kuka ce da daddawa da yakuwa da karkashi, yajin kuwa masoro ne da kimba da citta. Waɗannan su ne 'yan ƙasa. Iyayenmu mata na da can ne suka haɗa baƙo da ɗan gida a tukunya ɗaya, suka yi ta gyarawa har aka samu miyar da yau ba a raba ta da waina da funkaso da tuwon shinkafa. Kabewa ta samu gindin zama sosai, har Maguzawa da 'yan bori suka sa wa bikinsu na kaka suna shan kabewa. Abin da ya shiga al'ada har haka, wa zai sake tuna cewa daga wata uwa duniya ya zo?

Mun san akwai mai karatu da zai ce, to ina batun hadisi? Gaskiya ne, ya tabbata a Bukhari da Muslim daga Anas ɗan Malik cewa wani tela ya gayyaci Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, cin abinci, Anas ya gan shi yana bin dubba'u a gefen akushi, kuma tun daga ranar Anas bai daina son ta ba. A Suratus Saffat ma an ambaci yaƙɗin, tsiron da Allah ya fitar wa Annabi Yunusa, alaihis salam. Mun saba jin ana fassara su da kabewa. Masu binciken tarihin tsirrai suna ganin dangin duma ake nufi, wanda shi ɗan Afirka ne tun fil azal, kuma har yau ana dafa ɗanyensa a ƙasashen Larabawa da Indiya. Akwai abin da ke ƙarfafa wannan a cikin hadisan kansu: a hadisin tawagar Abdul Ƙais an ambaci dubba'u cikin mazuban da ake jiƙa abin sha. Duma ne ke bushewa ya zama ƙwarya da gora da ludayi, kabewa kuwa in ta daɗe ruɓewa take yi. Dangi ɗaya ne dai, duk masu yaɗo, kuma da sabuwar ta zo Larabawa ma suka haɗa su a suna ɗaya. Wannan bai rage wa kabewa komai ba, ƙarin sani ne kawai.

Yanzu mu dawo gida. Kakanninmu sun daɗe a Badun suna fataucin goro da shanu kafin a keɓe musu wannan unguwa a 1916. Jirgin ƙasa ya iso Badun a 1901, layin ya kai Kano a 1911, daga nan tafiyar da ayari ke yi wata da watanni ta koma ta 'yan kwanaki. Shanu su gangaro, goro ya haura. Baturen nan mai bincike, Abner Cohen, wanda ya zauna a Sabo ya kuma fitar da littafinsa a 1969, ya bayyana yadda masu gidaje ke sauke fatake suna ciyar da su, da yadda matan aure ke dafa abincin sayarwa daga cikin ɗaki, yara na fita da talla. Bafataken da ya kwana biyu a hanya yana gadin shanu ba amala yake nema ba, tuwo yake so da miyar da ya sani. Wannan buƙata ce ta sa kuka da daddawa da busasshiyar kuɓewa suka biyo shanu zuwa Kurmi. Kabewa kuwa tafiya ba ta ba ta tsoro, don in ba a fasa ta ba tana iya yin watanni a inuwa ba ta lalace ba.

Maƙwabtanmu Yarbawa ma suna da ita, elegede suke ce mata, suna cin 'ya'yan suna kuma miya da ganyen. Saboda haka ƙasar nan ba ta ƙi ta ba. Dattawanmu suna ba da labarin lokacin da Sabo ke da fili, kusan kowane gida da kabewarsa a bayan ɗaki, ta hau danga ta hau rufi. Ba a saye, maƙwabciya ce za ta yanko ta aiko yaro da ita. Yau siminti ya cinye tsakar gida, shago ya cinye ƙofar gida, komai sai an jira mota.

Hatsarin wannan jira mun gan shi da idonmu a Fabrairun 2021, lokacin rikicin kasuwar Sasa. An rasa rayuka, an ƙona shaguna da gidaje, Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu. Bayan nan 'yan kasuwar abinci da dabbobi suka dakatar da lodi zuwa Kudu na wasu kwanaki. Tumatir da albasa suka yi tashin gwauron zabi a nan, a can kuma suna ruɓewa a hannun manoma. Babu wanda ya ci riba. Mu da muke tsakiya mun fi kowa jin jiki, domin Arewa ce tushenmu, nan kuma aka binne iyayenmu, nan 'ya'yanmu ke makaranta.

Ba mu ce gindin kabewa ɗaya a bayan ɗaki zai maye gurbin tirela ba. Amma akwai abin da ke hannunmu. In an yanka kabewa mai kyau, a wanke 'ya'yan a shanya a inuwa a adana, da saukar ruwan farko a binne uku ko huɗu a gefen katanga, ko a buhun da aka cika da ƙasa da taki. Cikin wata uku zuwa huɗu za a ga abin arziki. Jan naman nan nata yana ɗauke da sinadarin da jiki ke mayarwa bitamin A, mai taimakon ido, ga shi yara na shan ta ba wuya.

Shi kuma salak ɗin Turawa, kada mu raina shi, kada kuma ya ruɗe mu. Kwaɗo ne fa, kuma mu ma gwanayensa ne. A gasa kabewa a tanderu, ko a kan waya bisa garwashi kamar yadda ake gasa masara, har ta yi laushi ta ɗan ƙone a gefe. A dafa zogale a tsane shi, a daka ƙuli-ƙuli da yaji, a yanka albasa, a haɗa da man gyaɗa da ɗan lemon tsami, a juye kabewar a kai da zafinta. Wanda ya gwada zai ba da labari. Abin da iyayenmu suka yi ke nan shekaru ɗaruruwa da suka wuce da baƙon iri ya faɗo hannunsu.

Roƙonmu ga matasa, maza da mata, shi ne kafin ku koyi na otal ku zauna kusa da Hajiya ko Inna ranar da za a yi taushe. Ku ga lokacin da ake zuba gyaɗa, ku ga yadda ake farfasa kabewar da ludayi, ku tambaya wa ya koya mata, a wane gari, a wace shekara suka sauka Sabo. Tsofaffin da suka san waɗannan amsoshi suna ta raguwa. Allah ya ƙara musu lafiya, ya ba mu kaka mai albarka, ya zaunar da mu lafiya da maƙwabtanmu. Amin.