Ɓarawon da Google ya nuna wa ƙofa

A shekarar 2013 wani mutum ya kutsa, daga nesa, cikin kwamfutar da ke kula da ƙaramar madatsar ruwa ta Bowman Avenue da ke Rye Brook a jihar New York ta Amurka. Ya ga yawan ruwan da halin da ƙofar sakinsa take ciki. Aka yi sa'a an raba ƙofar da na'urar domin gyara, da ya iya buɗe ta. A watan Maris 2016 Amurka ta tuhumi wani ɗan Iran, Hamid Firoozi, da wannan aiki, jaridar Wall Street Journal kuma ta ruwaito cewa da binciken Google ya gano wurin.

Dabarar ta girmi wannan labari. Tun wajen 2002 masanin tsaron kwamfuta Johnny Long ya fara tattara irin tambayoyin da ke sa Google ya tono abin da masu shi ba su so a gani. Dalili kuwa, Google yana adana duk shafin da ya tarar a buɗe, har da shafin sarrafa kyamara ko na'urar buga takardu. Wanda ya san kalmomin da ke cikin adireshin shafin, sai ya nema ya samu.

A 2009 John Matherly ya buɗe Shodan, wanda aikinsa lissafa na'urorin da ke haɗe da intanet. A 2014 shafin Insecam ya riƙa nuna hotunan kyamarori kusan 73,000 kai tsaye, wasu daga cikin ɗakunan kwana, don masu su ba su sauya kalmar sirrin da kamfani ya sa ba.

Sai manhajar Mirai, wadda da irin waɗannan kalmomi kusan 60 ta mallake dubban ɗaruruwan na'urori. Ranar 21 ga Oktoba 2016 aka auka wa kamfanin Dyn da su, Twitter da Netflix suka gagari jama'a. A ƙarshen shekarar irinta ta durƙusar da kamfanin sadarwa na Lonestar a Laberiya, kotun Ingila kuma ta ɗaure Daniel Kaye kan haka a 2019.

Idan ɓera da sata, daddawa ma da wari. Mai karatu, kyamarar da aka kafa maka a shago ko a ƙofar gida, kana duba ta a waya, wace kalmar sirri ke kanta? In har yanzu ta cikin kwali ce, sauya ta yau.