Damagaram Bayan Ɓallewarta Daga Borno: Tarihinta, Alamomin Mulkinta da Abin da Ta Bari

1.0 Gabatarwa

Duk ɗalibin Hausa da ya yi nisa a nazarin kirarin sarakuna da labaran yaƙe-yaƙen ƙarni na 19 sai ya yi karo da sunan Damagaram. Kanawa na tuna ta da hare-haren zamanin Sarki Alu, Gumalawa na tuna ta da ƙauyukan da suka zama kufai, su kuwa Damagarawa suna tuna ta a matsayin daular da ta ƙi rusuna wa kowa. Wannan maƙala za ta bi diddigin yadda wannan ƙasa ta fita daga ƙarƙashin Borno, da yadda bauta ta zama ginshiƙin dukiyarta da rundunarta, da alamomin da ta yi mulki da su, sannan ta dubi abin da ya saura a harshe da zamantakewa. Za a kuma kwatanta ta da gwamnatin jihohin kudancin Amurka da suka ɓalle a 1861, domin a ga inda suka yi kama da inda suka saɓa.

2.0 Asali da Zaman Biyayya ga Borno

Tarihin baka ya danganta kafuwar gidan sarautar Damagaram ga wani malami da ya fito daga wajen Borno a ƙarni na 18. Zuriyarsa ta zauna a ƙauyuka daban-daban, ciki har da wanda ake kira Damagaram ta Ƙaya, kafin Sarki Sulaiman ɗan Tintuma ya mayar da fada Zinder a farkon ƙarni na 19. Wannan ne dalilin da ya sa Bahaushe har yau yake kiran birnin da sunan ƙasar, wato Damagaram, alhali takardun gwamnati na cewa Zinder.

A wancan lokaci Damagaram ɗaya ce daga cikin ƙananan ƙasashen da ke kai gaisuwa Borno, tare da Muniyo da ƙasashen Sosebaki irin su Mirriya da Dungas da Waca. Gidan sarauta na Barebari ne, mafi yawan talakawa kuwa Hausawa ne, ga kuma Buzaye da Fulani da Larabawa fatake. Jihadin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo na 1804 bai ci ƙasar ba, don haka ta zama mafakar waɗanda jihadin ya kora, har da sarakunan Haɓe na Daura. Babban abin da ake kaiwa Kukawa a matsayin gaisuwa shi ne bayi.

Tun zamanin Sarki Ibrahim ɗan Sulaiman biyayyar ta fara tsami. A 1846 rundunar Borno ta fito don ladabtar da Zinder, sai Wadai ta yi amfani da wannan dama ta auka wa Borno daga gabas. Wannan rikici ne ya ƙarasa tsohon gidan sarautar Saifawa, ya bar mulki kacokan a hannun Shehu Umar ɗan El-Kanemi. Damagarawa sun fahimci cewa hannun Kukawa ba ya kaiwa ko'ina a lokaci ɗaya.

3.0 Tanimun da Hanyar Ɓallewa

Wanda ya mayar da Damagaram daula shi ne Sarki Tanimun ɗan Sulaiman. Ya yi ɗan gajeren mulki a farkon shekarun 1840, aka ture shi, ya dawo a farkon shekarun 1850, ya zauna har rasuwarsa a 1884. Bai aika wa Shehun Borno takardar yanke hulɗa ba. Abin da ya yi shi ne tara ƙarfin da ya mayar da biyayyar ta zama ta fatar baki. Ya kewaye birni da ganuwa, ya sayi bindigogi daga fataken Tarabulus, ya sa maƙera suna zuba igwa suna kuma haɗa albarushi a cikin gari. Ya mamaye maƙwabtan da a da suke tsara ɗaya da shi a gaban Shehu, ya mayar da su masu kawo masa gaisuwa.

Matsayin birnin ya taimaka masa ƙwarai. Zinder na kan hanyar ayarin da ke tasowa daga Tarabulus, ya bi ta Gat da Agadas, ya sauka Kano. A wajen ganuwa aka sami unguwar Zango, masaukin Buzaye da Larabawa, inda attajirai irin su Malam Yaro suka shahara a ƙarshen ƙarnin. Ana shigo da bindiga da tufafi da takarda da sukari, ana fita da fatu da gashin jimina da mutane.

Ɓallewa ta cika a 1893, shekarar da Rabe ya ci Borno, ya rushe Kukawa, ya koma Dikwa da zama. A shekarar nan ce Sarki Ahmadu ɗan Tanimun, wanda ake wa laƙabi da Kuran Daga, ya hau gado, ya kuma ƙi miƙa wuya ga Rabe. Daga nan babu wanda ke bisa Sarkin Damagaram. Ya juya kudu, ya kawo yaƙi ƙasar Kano fiye da sau ɗaya, har dakarunsa suka kusanci birnin.

4.0 Bauta a Matsayin Ginshiƙin Daula

Ba za a fahimci ƙarfin Damagaram ba sai an bi yadda dukiya ke zagayawa a cikinta. Sarki na karɓar bindiga da kaya bashi daga fatake. Idan lokacin biya ya yi, sai a ɗaura yaƙi, a kamo mutane, a biya bashi da wasu, a ba hakimai da jarumai rabonsu, a tura wasu gona, a zaɓi samari a sa su cikin 'yan bindiga. Bindigar da aka saya da bayin bara ita za ta kamo bayin bana. Tun da wuri yana da nauyin ɗauka kuma darajarsa na faɗuwa, bawa ya zama kamar babban kuɗi mai tafiya da ƙafarsa.

Baturen Ingila James Richardson, wanda ya zauna Zinder a farkon 1851, ya rubuta yadda ya ga Sarki Ibrahim ya fita hari saboda bashin da fatake ke bin sa, da yadda aka shigo da kamammu cikin gari, yawancinsu mata da yara. Ya kuma lura cewa garuruwan da ake kai wa harin suna cikin ƙasashen da ke bin Borno. Nan ne maganar ke da nauyi, domin tun wajen 1615 Shehu Ahmad Baba na Tambutu ya yi fatawa cewa mutanen Borno da Kano da Katsina Musulmi ne, bai halatta a bautar da su ba. Ke nan mizanin da za a auna waɗannan hare-hare da shi yana nan a littattafan malaman ƙasar tun kafin zuwan Turawa.

Bayi ba su kasance aji ɗaya ba. Akwai na gandu da na rinji masu noma, akwai kuyangi a cikin gidaje, akwai ƙwaraƙwarai, akwai kuma bayin sarki da ke riƙe da makamai da taska da ƙofar fada. Sarakuna sun fi amincewa da bawan sarki bisa ɗan'uwa na jini, saboda bawa ba ya neman gado. Wannan ya sa wasu bayi suka fi 'ya'ya da yawa iko da dukiya. Amma ɗaukakar kacalla guda ba ta share hawayen ɗaruruwan da aka ratsa Sahara da su ba. Masana irin su André Salifou da Roberta Dunbar sun yi nazari mai zurfi a kan wannan tsari.

5.0 Alamomin Mulki

Alama ta farko ita ce ganuwa, wadda ta ba tsohuwar unguwar sunanta na Birni. Ganuwa kariya ce, kuma sanarwa ce ga Kukawa cewa mai wannan gari ba ya tsoron a zo masa. Sai dai ɗalibi ya tambayi kansa: hannun wa ya kwaɓa ƙasar, kan wa ya ɗauki tubalin?

Ta biyu ita ce igwa. Ƙararta ta bambanta Sarkin Damagaram da sauran sarakunan yankin da suka dogara ga doki da mashi da kwari da baka.

Ta uku ita ce kayan fada: tambari da kakaki da algaita, da dogarai masu jajayen riguna. Ana ganin su har gobe a hawan salla.

Ta huɗu ita ce sunayen sarautu. Ciroma da Yarima da Kaigama da Kacalla da Bellama duka aro ne daga Barebari. Abin lura a nan shi ne, daular da ta ɓalle daga Borno ta ci gaba da yin ado da rigar Borno, domin a idon jama'a a can ne asalin sarauta yake.

Ta biyar ita ce kirari da laƙabi. A cikin Kuran Daga akwai kura, dabbar da ba ta barin abin da ta kama, akwai kuma daga, wato sahun mayaƙa a fagen fama, kamar yadda ake cewa an ja daga. Wanda ke cikin ganuwa na jin jarumta a wannan suna. Wanda ke ƙauyen kan iyaka kuwa kurar yake ji.

6.0 Faɗuwa

Cikakken 'yancin Damagaram bai wuce shekara shida ba. A watan Mayu na 1898 aka kashe hafsan Faransa Kyaftin Cazemajou da tafintansa a Zinder. A ƙarshen Yulin 1899 ragowar rundunar Voulet da Chanoine, wadda ta yi kisan gilla a Birnin Ƙonni, ta karya dakarun Damagaram a Tirmini, ta shiga birni. Aka bi Sarki Ahmadu aka kashe shi a watan Satumba. Faransawa suka naɗa Ahmadu ɗan Bassa, suka tuɓe shi a 1906 bisa zargin shirya tawaye, suka danƙa riƙon gari ga Bellama, bafade mai asalin bauta. Ba a mayar da sarautar ga gidanta ba sai 1923, da naɗin Barma Mustafa. Zinder ta zama hedikwatar mulkin mallaka na Nijar daga 1911 zuwa 1926, kafin a koma Yamai.

Dokar Faransa ta Disambar 1905 ta haramta cinikin mutane a yammacin Afirka, amma masu dokar sun maye gurbinsa da aikin tilas. A Arewacin Nijeriya an ayyana cewa duk wanda aka haifa daga Afrilun 1901 ɗa ne, ba a kuma soke bauta gaba ɗaya ba sai 1936.

7.0 Kwatanci da Kudancin Amurka

Daga 1861 zuwa 1865 jihohi 11 na kudancin Amurka sun ɓalle, suka kafa gwamnati a ƙarƙashin Jefferson Davis, da hedikwata a Richmond. Ƙidayar 1860 ta nuna bayi kusan miliyan 4 a ƙasar. Bambancin a fili yake. Waɗancan sun ɓalle ne domin kare bauta, sun rubuta haka a tsarin mulkinsu, sun kuma ɗora ta bisa launin fata. Damagaram ta ɓalle ne a kan iko da gaisuwa, kuma uwar gijiyarta Borno ma mai bayi ce. Bawan Damagaram na iya zama kwamandan yaƙi, ɗan ƙwarƙwara na iya zama sarki, abin da ba ya yiwuwa a Bajiniya.

Kamar tasu tana wajen tunawa. Bayan an ci kudancin Amurka da yaƙi, magoya bayanta sun mayar da labarin na jarumta da kare gida, suka tura bayi bayan fage. Sai a 2015 aka sauke tutarsu daga harabar majalisar Karolina ta Kudu, Misisipi ta canza tutarta a 2020, aka cire gunkin Janar Lee a Richmond a 2021. A Zinder, barikin da Faransawa suka raɗa wa sunan Cazemajou ya koma ɗauke da sunan Tanimun bayan samun 'yancin kai, Salifou kuma ya rubuta wasan kwaikwayo mai sunan wannan sarki. Hakan martani ne da ya dace ga mulkin mallaka. Sai dai labarin jarumin da ya gina birni yakan rufe labarin waɗanda aka gina birnin da guminsu.

8.0 Abin da Ya Saura a Harshe da Zamantakewa

Harshe ya adana abin da littattafan makaranta suka tsallake. Bacucane shi ne wanda aka haifa cikin bauta a gidan ubangijin iyayensa. Murgu kuɗi ne da bawa ke biya don a bar shi ya yi sana'ar kansa. Fansa ita ce abin da ake bayarwa don a karɓi 'yanci. Kalmar ɗa tana nufin wanda aka haifa, tana kuma nufin wanda ba bawa ba, daga jam'inta ne aka sami 'yanci. Garuruwa masu suna Rinji da Gandu suna faɗin tarihinsu da bakinsu. Idan kuma aka zo neman aure aka ce za a binciki asali, sau da yawa wannan tsohon rabo ake nufi.

Maganar ba ta zama tarihi zalla ba. An kafa ƙungiyar Timidria a Nijar a 1991 don yaƙi da bauta, aka yi dokar hukunta masu bautarwa a 2003. A Oktoban 2008 kotun ƙungiyar ƙasashen yammacin Afirka ta sami gwamnatin Nijar da laifin kasa kare Hadijatou Mani, wadda aka sayar tana da shekara 12, ta kuma yanke a biya ta diyyar sefa miliyan 10. A nan Libreville, sunan garin kansa na nufin garin 'yantattu, domin an kafa shi ne a 1849 don bayin da aka ƙwato daga wani jirgin ruwa. Hausawan da fatauci ya kawo Gabon suna zaune a garin da ya ɗauki wannan tarihi a goshinsa, alhali garuruwanmu na asali sun fi son a bar kaza cikin gashinta.

9.0 Kammalawa

Damagaram ta nuna gwanintar mulki da dabarar yaƙi da ƙin miƙa wuya, kuma an gina duk wannan bisa kamen mutane da sayar da su. Jikokin masu tambari da jikokin waɗanda aka ɗaure suna aji ɗaya a yau, harshe ɗaya suke nazari. Haƙƙin ɗalibi ne idan ya rubuta kirarin sarki ya nemi labarin ƙauyen da kirarin ya ambata, ya tambayi tsofaffin rinji kamar yadda yake tambayar makaɗan fada, ya kuma rubuta amsoshin duka biyu kafin masu su su ƙare. Waiwaye adon tafiya ne, muddin mai waiwayen ya yarda ya dubi duk abin da ke bayansa.