Belin kafin kamu a dokar kare Dalit da Adibasi ta Indiya

Belin kafin kamu umarni ne da kotu ke bai wa mutumin da ke fargabar za a kama shi, cewa idan 'yan sanda sun kama shi a sake shi nan take bisa beli. A Indiya an tanadi wannan beli a sashe na 438 na dokar tsarin shari'ar laifuka ta 1973. Daga 1 ga Yuli 2024 sashe na 482 na sabuwar dokar Bharatiya Nagarik Suraksha Sanhita ya maye gurbinsa. Sai dai dokar hana cin zarafin Dalit da Adibasi ta 1989, wadda aka fi sani da dokar SC/ST, ta hana ba da shi ga waɗanda ake zargi da laifukan da ta lissafa. Kotun Ƙolin ƙasar ta amince da hanin, amma ta bar ƙofa ɗaya: idan ƙorafin bai nuna laifin tun daga farko ba.

Asali

A tsarin matsayin haihuwa na Indiya, Dalit su ne al'ummomin da aka daɗe ana ƙyamar cuɗanya da su, Adibasi kuma ƙabilu ne 'yan asalin ƙasa. Sashe na 17 na tsarin mulkin ƙasar ya haramta wannan ƙyama. Dokar 1989 ta fara aiki a 1990, kuma ta hukunta laifuka irin su wulaƙanta mutum a bainar jama'a saboda asalinsa, ƙwace masa gona da tilasta masa aikin bauta. Sashe na 18 nata ne ya toshe belin kafin kamu. A shari'ar Ram Krishna Balothia ta 1995, Kotun Ƙoli ta ce sashen bai saɓa wa tsarin mulki ba, domin wanda ake zargi zai iya amfani da 'yancinsa ya razana mai ƙara da shaidu.

Taƙaddamar 2018

Ranar 20 ga Maris 2018, a shari'ar Subhash Kashinath Mahajan, Kotun Ƙoli ta ce ana amfani da dokar wajen ƙarar ƙarya. Ta yanke cewa hanin ba cikakke ba ne, ta kuma umarci a yi binciken farko kafin a rubuta ƙara, a nemi izinin hukuma kafin kamu. Ƙungiyoyin Dalit sun ɗauki hukuncin a matsayin raunana dokar. Sun kira yajin aiki na ƙasa baki ɗaya ranar 2 ga Afrilu, inda mutane da dama suka rasa rayukansu.

A watan Agusta na shekarar majalisar dokoki ta ƙara sashe na 18A, wanda ya soke sharaɗin binciken farko da na neman izini, ya kuma maido da hanin. Ranar 1 ga Oktoba 2019 Kotun Ƙoli da kanta ta janye waɗancan sharuɗɗa.

Matsayin doka a yanzu

A shari'ar Prathvi Raj Chauhan ta 10 ga Fabrairu 2020, kotun ta tabbatar da sashe na 18A. Amma ta ce idan abin da ke cikin ƙorafin bai kai laifi a ƙarƙashin dokar ba, hanin ba ya aiki. Aikin alƙali a wannan mataki shi ne ya duba ƙorafin kamar yadda aka rubuta shi, ba tare da zurfafa auna shaida ba.

A Agustan 2024, a shari'ar Shajan Skaria, ɗan jarida daga jihar Kerala, kotun ta ba da belin. Ta bayyana cewa ba duk zagin da aka yi wa ɗan Dalit ne ke shiga dokar ba, sai an yi shi da nufin wulaƙanta shi saboda asalinsa.

Muhawara

Masu goyon bayan hanin suna cewa a ƙauyuka mai ƙara yakan dogara da wanda yake ƙara wajen aiki ko gona, don haka belin gaggawa na iya kashe shari'ar tun kafin ta fara. Masu suka kuma suna kafa hujja da sashe na 21 na tsarin mulki, wanda ke kare rai da 'yancin mutum, suna cewa bai kamata a tsare kowa bisa zargi kawai ba.