BABI NA UKU: Jack Elam da Sana'ar Fitowa a Mugu Cikin Finafinan Kaboyi

A wannan babi za a dubi rayuwar ɗaya daga cikin 'yan wasan da ba su ne jaruman fim ba, amma fim ba ya yin armashi sai da su. Masu zuwa silima a ƙasar Hausa sun saba raba 'yan wasa gida biyu, wato akta da bos. Sai dai akwai kashi na uku, su ne yaran bos da mashayan gari da masu gadin kurkuku, waɗanda ɗan kallo kan shaida fuskarsu ba tare da ya san sunansu ba. Jack Elam yana cikin fitattun wannan kashi.

An haifi Elam a shekarar 1920 a wani ƙaramin garin masu haƙar ma'adinai da ake kira Miami a jihar Arizona ta Amurka. Tun yana yaro wani ɗan'uwansa ɗan sikawut ya soke shi da fensir a idon hagu, idon ya mutu, ya kuma karkace yana duban wani gefe dabam. Da ya girma aikin akanta ya fara yi, har ya riƙe littattafan kuɗi a kamfanin fim na Samuel Goldwyn. Da yawan duban lissafi ya fara yi wa ɗaya idon barazana, sai ya bar tebur ya koma gaban kyamara a 1949.

Fim ɗin da ya fito da shi sarari shi ne Rawhide na 1951, inda ya fito a ɗan fashi tare da Tyrone Power da Susan Hayward. A cikinsa ne ya riƙa harba bindiga kusa da wata 'yar jaririya don ya tilasta wa jarumin miƙa wuya. Daga nan masu shirya fim suka gane abin da suka samu. Ba sai an ɓata lokaci ana bayyana wa ɗan kallo cewa wannan mutum mugu ne ba, domin labarin zuciya a tambayi fuska. A High Noon na 1952 ɗan taƙaitaccen wuri aka ba shi na mashayin da ke barci a ɗakin tsare masu laifi. Ya kuma fito a Vera Cruz (1954) da The Man from Laramie (1955) da Gunfight at the O.K. Corral (1957), galibi ana kashe shi kafin a tashi.

Ya kamata a lura da halin da sana'ar fim take ciki a lokacin. A 1948 Kotun Ƙolin Amurka ta yanke hukuncin da ya raba manyan kamfanonin fim da gidajen silimarsu. Wannan, tare da shigowar talabijin, shi ya kashe kasuwar ƙananan finafinan kaboyi masu araha. Amma kaboyi bai mutu ba, ƙaura ya yi. Zuwa 1959 akwai shirye-shiryen kaboyi fiye da 20 da ake nunawa kowane mako a talabijin ɗin Amurka. Jarumin shiri ɗaya ne ba ya canzawa, amma kowane mako ana bukatar sabon mugun da zai harbe. Saboda haka irin su Elam ba su rasa aiki ba: ya zagaya Gunsmoke da Bonanza da The Rifleman, yau ɓarawon shanu, gobe ɗan kisan haya. A 1963 aka ba shi matsayin mataimakin ɗan doka a shirin The Dakotas, sai dai shirin bai daɗe ba. An soke shi bayan masu kallo sun yi ƙorafi kan wani kashi da aka yi harbe-harbe a cikin coci.

Fitowar da aka fi tunawa da shi da ita kuwa ba ta fi ta 'yan mintoci ba. A farkon fim ɗin Sergio Leone mai suna Once Upon a Time in the West (1968), 'yan bindiga uku ne ke jiran jirgin ƙasa a wata tasha, wato Elam da Woody Strode da Al Mulock. Kusan babu magana. Wani ƙuda ya addabi Elam, yana sauka masa a gemu, shi kuma yana hura masa iska don ƙyuyar ɗaga hannu, har daga bisani ya rufe shi cikin bakin bindiga ya kara a kunne yana sauraren kukansa. Da jirgin ya iso, Charles Bronson ya harbe su duka uku. Idan aka yi nazarin wannan wuri za a ga tsoro da dariya sun haɗu a fuska ɗaya, kuma da wuya a ce wani ɗan wasa mai lafiyayyun idanu zai iya yin haka.

Wannan ne ya cece shi a lokacin da kasuwar kaboyi ta fara ja da baya, musamman da aka tsananta sukar nuna kashe-kashe a talabijin bayan kisan Martin Luther King da Robert Kennedy a 1968. A 1969 ya fito a mataimakin James Garner cikin fim ɗin barkwanci Support Your Local Sheriff!, sannan ya fito a wani tsoho mai gardama tare da John Wayne a Rio Lobo (1970). Idon da aka shekara kusan 20 ana tsorata jama'a da shi, shi ne ya koma abin ba su dariya, har zuwa The Cannonball Run na 1981 inda ya fito a wani likita mai kama da taɓaɓɓe. Fitowarsa ta ƙarshe ita ce Bonanza: Under Attack a 1995. Ya mutu a garin Ashland na jihar Oregon a watan Oktoba na 2003, yana da shekara 82.