Murhun Kakanninmu a Bahri da Omdurman: Yadda Muka Bar Shi, Muka Koma Masa

Bayan yaƙin Burmi na shekarar 1903, jama'ar Sarkin Musulmi Attahiru suka yo gabas a bayan ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno, suka kafa garin Mai Wurno kusa da Sinnar. Wasu daga cikinsu, tare da mahajjatan da guzuri ya ƙare musu a hanya, suka zauna a Khartum da Omdurman da Bahri. Duk inda suka sauka, abin da mata suka fara girkawa shi ne murhu: duwatsu uku a kusurwar tsakar gida, wanda maƙwabtanmu Larabawa ke kira ladaya.

Zaman birni ya kawo kanun, murhun ƙarfe na gawayi, da doka ta yin kisra. Da matatar mai ta Jaili, arewa da Bahri, ta fara aiki a shekarar 2000, sai tulun gas ya yawaita a gidajenmu. Gurbin tsohon murhu ya koma ma'ajiyar tarkace, 'ya'yanmu suka tashi ba su iya hura wutar itace ba.

Ranar 15 ga Afrilu 2023, cikin watan azumi, yaƙi ya ɓarke. Gas ya yanke, gawayi ya yi tsada. Gidaje da takaya, wato madafan sadaka na unguwanni, suka koma kan itace, har Dajin Sunut, kurmin bagaruwa na bakin Farin Nilu, ya sha sara.

A nan ilimin tsofaffi ya yi rana. Duwatsu uku a fili suna barin iska ta kwashe zafi, don haka ake gina murhun laka a gurbinsu. A kwaɓa yumɓu da ƙaiƙayi da kashin jaki, a zagaye wurin wutar da bango, a bar ƙofa ɗaya ta zura itace. Tukunya ta zauna cikin bakinsa, da 'yar tazara ta fitar hayaƙi. A bar shi ya bushe a inuwa kafin a hura, don kada ya tsage, kuma kada a girka shi a ɗaki rufaffe, domin hayaƙi yana kisa.

Hausawa sun ce da tsohuwar zuma ake magani. Ko gas ya wadata, mu bar murhun nan a gurbinsa, mu sa 'yan mata su koyi gininsa wurin kakanninsu tun suna raye. Allah ya zaunar da ƙasarmu lafiya, amin.