Yadda Takieta ta zama gunduma mai cin gashin kanta

Takieta gari ne na mararraba a Nijar. Babbar hanyar da ta taso daga Yamai ta ratsa Maraɗi da Tasawa tana bi ta cikinsa kafin ta shiga birnin Damagaram, tafiyar kilomita kamar 50 gabas, kuma a nan ne wata hanyar take ɓallewa kudu zuwa Kance da Matamaye har iyakar Najeriya. Wannan hanya ce ta ɗaga garin, domin inda motoci ke tsayawa nan kasuwa ke ci, nan kuma hukuma ke son aje wakilinta.

Ƙasar kuwa tsohuwa ce a tarihin daular Damagaram. A Tirmini, cikin wannan yanki, ranar 30 ga Yulin 1899, dakarun Sarki Amadu Kuran Daga suka gwabza da sojojin Faransa, aka ci dakarun sarki da yaƙi, Nasara suka shiga birnin Damagaram. Daga nan mulki ya koma hannun kumandan Faransa, sarakunan gargajiya suka zama masu tara haraji da sasanta rikicin gona a ƙarƙashinsa. Bayan samun 'yancin kai a 1960, gyaran fuskar da aka yi wa tsarin mulki a 1964 ya sa yankin a ƙarƙashin gundumar Mirriya, daga baya aka ba Takieta ƙaramin ofishin mulki, amma duk wata babbar magana sai an kai ta Mirriya. Mutumin yankin mai neman takarda sai ya ratsa Damagaram ya wuce gabas, ya biya kuɗin mota sau biyu, wani lokaci ya kwana a hanya. Wahala ce da babu dalilinta.

Sauyi ya zo a mataki biyu. Dokar 2002 ta kafa ƙananan hukumomi 265 a faɗin Nijar, aka yi zaɓensu a 2004, yankin ya samu uku: Garagumsa, wadda Takieta ke cikinta, da Tirmini, da Dakusa. Sai a watan Agustan 2011, farkon mulkin Mahamadou Issoufou, aka ƙara yawan gundumomin ƙasar daga 36 zuwa 63. Aka yanke Takieta da Damagaram Takaya daga Mirriya, kowace ta samu shugabanta. Ƙidayar 2012 ta nuna gundumar Takieta na da mutum 246,818, a cikin jihar Damagaram mai mutum sama da miliyan uku da rabi. Yawancinsu Hausawa ne manoman gero da dawa da wake da gyaɗa, tare da Fulani da Buzaye makiyaya.

A ganina, abin da ya fi nuna cewa mutanen nan sun isa riƙe al'amuransu ya faru tun kafin a ba su gunduma. Gandun dajin Takieta, mai faɗin hekta sama da 6,000, an killace shi tun zamanin Nasara, ya zama na gwamnati a takarda, a zahiri kuwa ba na kowa ba: ana sare shi, gonaki na cin gefensa. Daga 1995, da tallafin ƙungiyar SOS Sahel, aka zaunar da manoma da makiyaya, har da masu zuwa da dabbobi daga nesa, da mata masu itace da masu zuma, suka kafa ƙungiyar Kou Tayani, suka tsara ƙa'idojin kiwo da na saran itace da kansu, gwamnati ta miƙa musu kula da dajin.

Kujerun ƙananan hukumomin ba su samu irin wannan ɗorewa ba. A watan Afrilun 2024 mahukuntan soja suka rushe zaɓaɓɓun majalisu a duk ƙasar, aka naɗa wakilai a madadin magadan gari, har da na Garagumsa da Tirmini da Dakusa.