Sarewar Makiyayi da Wasan Journey

Tun kafin rediyo ta shigo karkarar Tsiga, a ƙasar Bakori, makiyayi yana da abokin tafiya: sarewa. In kaka ta yi, aka girbe dawa, Fulani kan sako shanu cikin gonaki su ci kara su bar taki, yaro kuwa yana biye yana busa a hankali. Ba rawa ake yi ba, kaɗaici ake ragewa.

A 2012 wani kamfanin Amurka ya fitar da wasan bidiyo mai suna Journey, inda mai wasa ke ratsa hamada ya nufi dutse, babu magana ko ɗaya. Kamar yadda sarewa ke raka makiyayi, kiɗan Austin Wintory ne ke raka mai wasan, har ya shiga takarar kyautar Grammy.

Yau dai makiyaya da yawa wayar salula suke kunnawa maimakon busa sarewa.